Babu ruwan mantuwa a kantin magani

A wata majalisar masu shan ataya a unguwar Nima ta birnin Accra, gardama ta kaure kan wani labarin almara. Wai a ƙasar aljanu akwai ruwan da in ka kurɓa sai ka manta wanda ya ci amanarka, sauran tunaninka kuwa yana nan daram. Wani matashi ya rantse Turawa suna da irinsa, ɓoyewa kawai suke yi.

Ba haka ba ne, ɗan'uwa. Tatsuniyar ma tsohuwa ce, don Girkawan dā suna da kogin Lethe, wanda matattu ke sha su manta duniya. Amma ƙwaƙwalwa ba faifan bidiyo ba ce da za a datse mata minti biyar. Abin da kake tunawa a warwatse yake cikinta: muryar mutumin nan, ƙamshin turarensa can, zafin da ka ji kuma wani wuri daban.

Magungunan da ke kawo mantuwa da gaske, hana sabon abu zama suke yi, ba goge tsohon ba. Midazolam da ake ba majiyyaci kafin tiyata haka yake aiki, giya mai yawa ma haka. A 1953 an cire wa wani Ba'amurke, Henry Molaison, sashen ƙwaƙwalwa da ake kira hipokampus saboda farfaɗiya. Yarintarsa bai manta ba, amma wanda suka gaisa ɗazu sai ya ɓace masa.

Mai haɗiyar tiramol don ya manta bashi kuwa, gari na wayewa mai bashi na bakin ƙofa yana sallama.