Tambari ba zai hana ido ganin abin da ya ga dama ba

Hayaniyar da ake yi kan bidiyon ƙirƙirarriyar basira ta fara gundurata. Kullum magana ɗaya ce, wai a liƙa wa irin waɗannan bidiyoyi tambarin da ke nuna na'ura ce ta haɗa su, shikenan jama'a sun tsira daga ƙarya. Sai ka ce kafin zuwan wannan fasaha idon ɗan'adam alƙali ne mai adalci.

Masu gajerun finafinan gwaji, waɗanda ake yi wa ba'a cewa aikinsu ba kai ba gindi, sun daɗe da sanin ba haka ba ne. A 1944, masana halayyar ɗan'adam Fritz Heider da Marianne Simmel suka nuna wa ɗalibai a Amurka wani fim da bai kai minti uku ba. Alwatika babba da ƙarama, da'ira ɗaya, da akwati mai ƙofa, suna ta motsi. Babu fuska, babu murya. Amma da aka ce su faɗi abin da suka gani, kusan dukkansu labari suka kawo: ga azzalumi, ga masoya biyu, ga wadda ta ɓuya a ɗaki don tsoro. Wa ya faɗa musu alwatika tana da mugun hali? Tatsuniyar da suka shigo da ita a kansu ce ta raba wa zane-zanen nan matsayi.

Tun kafin nan mai shirya finafinai Lev Kuleshov a Rasha ya ɗauki fuskar ɗan wasa guda, ya haɗa ta a fim da hoton kwanon miya, da yarinya a akwatin gawa, da mace a kishingiɗe. 'Yan kallo suka ga yunwa, suka ga baƙin ciki, suka ga sha'awa, alhali fuskar ko gezau ba ta yi ba.

To, wane tambari za a liƙa wa bidiyo na gaskiya da aka datse shi daƙiƙa goma, aka ɗora masa taken da ya riga ya nuna mugu da wanda aka zalunta? Kamfanonin fasaha na cewa na'urorinsu za su gano na bogi. Su dai ci gaba da tallar hajarsu. Masu cewa finafinan gwaji na 'yan boko ne kawai kuwa, ragwanci ne ke damunsu.

Ni da za a ji tawa, a riƙa nuna wa yara irin waɗannan finafinai a aji, a tambaye su me suka gani, sannan a tsare su da tambaya ta biyu: a ina cikin hoton aka nuna hakan?