Ga Masu Fita Nazarin Karin Harshe: Ku Rubuta Abin da Kunnenku Ya Ji

Assalamu alaikum ƙannena ɗaliban Hausa, musamman 'yan ajin ƙarshe da suka zaɓi karin harshe ko walwalar harshe (yadda harshe ke gudana a cikin al'umma) a kundin kammala karatu. Akwai wata ɗabi'a da ta zama ruwan dare a tsakaninku, kuma ita ke kashe aiki tun bai isa teburin malami ba. Ɗalibi zai tashi takanas ya tafi Gwadabawa ko Illela, dattijo ya ce masa "munka tahi munka iske shi zamne", shi kuwa ya dawo ɗaki ya rubuta "muka tafi muka same shi a zaune". A ganinsa gyara ya yi. Wallahi ɓarna ce. Ruwan da aka aike ka ɗebowa ke nan ka tuntsurar a bakin rijiya, ka dawo da tulu wayam.

Wannan "zamne" da kuke yi wa dariya ta girmi "zaune". Tun wajen 1928 wani Bajamushe masanin harshe, August Klingenheben, ya nuna yadda wasu baƙaƙe suka rikiɗe a ƙarshen gaɓa, kuma a irin wannan sauyi ne zamna ta koma zauna, sabka ta koma sauka, amre ya koma aure a bakin mutanen gabas, Sakkwatawa da maƙwabtansu kuwa suka riƙe na asali. An gina Daidaitacciyar Hausa a kan Kananci ne don ɗab'i da makaranta da rediyo su sami abu guda da za su bi, ba don sauran suna kuskure ba. Ko Bargery, a ƙamusunsa na 1934, yakan sa wa kalma alamar yankin da ya ji ta. Idan Bature ya yi wannan ladabi shekara casa'in da suka wuce, ɗan gida ba shi da uzuri.

Matsala ta biyu ta fi wuyar magani: mutum ba ya magana yadda ya saba muddin ya san ana saurarensa. Ka zo da farar shadda da littafi, ka ce daga jami'a kake, nan take mai gida zai gyara zama ya koma Hausar rediyo. William Labov, Ba'amurken da ya kafa wannan fanni na walwalar harshe da ƙafafunsa, ya yi wa abin dabara a 1962. Ya shiga manyan kantuna uku a birnin New York, Saks na masu hali, Macy's na matsakaita, S. Klein na talakawa, yana tambayar ma'aikata wani kaya da ya riga ya san a hawa na huɗu yake. Amsar kalmomi biyu ce, "fourth floor", kowacce da harafin r. Sai ya yi kamar bai ji ba, su maimaita a tsanake, ya koma gefe ya rubuta. Mutum 264 ya tambaya, kuma ya tarar ma'aikatan kantin masu hali sun fi furta r ɗin. Babu wanda ya san harshensa ake aunawa.

Ku ma ku yi dabara, amma ban da naɗar murya a ɓoye. Wannan cin amana ne. Ku fara da mai unguwa ko dagaci, ku nemi izinin wanda za ku naɗa, sannan ku bar batun harshe gefe. Kada ku buɗe da "yaya kuke cewa kaza a nan?", domin abin da za a ba ku shi ne abin da ake zaton kuna son ji. Ku jawo hirar shekarar da ruwa ya ci gari, ko rikicin gona, ko yadda ake tashe a da. Idan labari ya yi daɗi mutum yakan manta da waya. Mafi kyau ma ku haɗa aminai biyu ko 'yan majalisa ɗaya su yi ta yi, ku ku ja baki ku yi shiru. Minti goman farko kada ku sa su a lissafi. Jerin kalmomi kuwa sai a ƙarshe, kuma ku ajiye shi daban, don ku gwada shi da abin da ya fito cikin hira.

Wajen zaɓen mutane, ku daina tara tsofaffi maza biyar a gindin bishiya ku ce kun naɗi gari. Ku raba shekaru gida uku, matasa da magidanta da dattijai, kowane gida maza biyar mata biyar, mutum talatin ke nan. Kowa a rubuta masa inda aka haife shi, garin mahaifiyarsa, boko ya yi ko allo ko duka, da ko yana zuwa ci-rani. Wanda ya yi rani goma a Legas ko Kano bakinsa ya riga ya sha wani ruwa. Mata kuwa sai mace ta shiga musu, in babu mace a cikinku ku nemo. Kuma don Allah kada a tsare matar aure da tambayar sunan mijinta ko na ɗanta na fari. Ba za ta faɗa ba, za ta ce "maigidan" ko "Malam" ko kawai "shi". Ku rubuta yadda ta kauce ɗin, domin wannan kunyar tana cikin abin da kuka zo nema, kamar dai yadda ake kiran yaro Abba ko Babangida don kar a ambaci sunan kakansa da ya ci.

Na'ura ba sai mai tsada ba, waya ta isa. A kashe mata layi kada kira ya katse, a ajiye ta kamar taki ɗaya daga bakin mai magana, a kan tabarma ko tsumma ba kan tebur mai ƙara ba. A kashe fanka, a nisanci janareta da injin niƙa. A naɗa a tsarin WAV, wato tsarin ajiye sauti da ba ya matse shi, in wayar ta yarda, kuma kada a tura ta WhatsApp a matsayin saƙon murya, yana matse sauti. A kwafe a wuri biyu a daren. A maimakon sunan mutum a sa lamba.

Rubutawa ita ce inda ake zufa. Hirar awa ɗaya takan ci awa biyar zuwa goma, wani lokaci fiye, don haka mai mutum talatin ya san abin da ya ɗauko wa kansa. Minti ashirin mai kyau daga kowa ya fi awa biyu da ba za a taɓa saurara ba. Manhajar ELAN, ta rubuta abin da aka naɗa, da Praat, ta auna sauti, kyauta ne. Rubutunmu na yau da kullum ba ya nuna tsawon wasali ko karin sauti, shi ya sa garin da ake zama da garin tuwo suke fitowa iri ɗaya a takarda. A aikin nazari sai a ninka dogon wasali, garii da gaarii. Ƙugiya kuwa ba a sasanta ta: kafa daban, ƙafa daban.

Sai ƙirga. Kada ka ce "mutanen garin suna cewa munka" don ka ji sau uku. Ka ƙirga duk gurbin da munka za ta iya fitowa, har da inda muka ce ta fito. A ce saurayi ya sami gurbi 40, ya yi munka a 12, kashi 30 cikin ɗari ke nan; in kakansa ya yi 38 cikin 40, ka ga alamar sauyi da idonka. Gurbin da bai kai talatin ba ga mutum ɗaya, kada ka gina masa dogon bayani. Haka in kana bin Ingausa, wato cakuɗa Hausa da Turanci, ka rarrabe aron da ya zauna, irin mota da tebur da asibiti, da tsallakawa zuwa Turanci a tsakiyar jimla. Tsohuwar da ba ta taɓa shiga aji ba ma tana cewa asibiti.

Inda kuka fi zamewa shi ne babi na ƙarshe, wajen tsalle daga kalma zuwa tunani. An ji sunan Sapir da Whorf a aji, masanan da ake danganta wa ra'ayin cewa harshe yana juya tunani, sai ɗalibi ya ga Bahaushe yana shan ruwa, yana shan iska, yana shan wahala, yana cin kasuwa da jarrabawa da amana, ya yanke hukunci cewa Bahaushe duniya duka abinci yake ganinta. Jerin kalmomi yana nuna yadda harshe ya faɗaɗa ma'ana ne kawai. Mai son ya ce harshe ya juya tunani sai ya shirya gwajin da ba na magana ba, kamar a ba mutane zare kala-kala su ware wanda ya yi kama da wani, a ga ko inda suka raba shuɗi da kore ya bi sunayen da suke da su, sannan a maimaita da masu wani harshe, Fulani ko Barebari na wannan garin. In ba ka da lokacin wannan, ka tsaya a kan ma'anonin ci da sha, ka kawo jimlolin da ka naɗa da lambar wanda ya faɗe su.