Siri Lanka: iyakar da Bature ya shata saboda kirfa

Duk wanda ya ce maka lardunan Siri Lanka gadon kaka da kakanni ne, to a gaskiya bai bi tarihin tsibirin ba. Turawan Holan da suka fatattaki na Fotugal daga Jaffna da ke arewacin tsibirin a 1658 su ba ƙasa suka zo ginawa ba, kirfa suka zo kwasa, shi ya sa suka yanka gaɓar tekun gida uku, Colombo da Galle da Jaffna, ko'ina da mai kula da shi. Masarautar Kandy ta 'yan ƙasa da ke kan duwatsun tsakiyar tsibirin ta gagare su, sai suka zagaye ta, yarjejeniyar 1766 ta raba ta da bakin teku kaf, har gishirin miya sai ya biyo ta hannun Bature.

Ingila ta karɓe gaɓar a 1796, ta ci Kandy a 1815, mutanen Uva, wani yanki na ƙasar Kandy, suka yi bore a 1817 aka murƙushe su, to daga nan fa aka shiga dabara. A 1833 aka raba tsibirin lardi biyar, aka gutsuttsura ƙasar Kandy aka liƙa wa lardunan bakin teku don kar ta sake ɗaga kai. Kafin 1890 sun zama tara, har yau taran ne.

Abin da ke ci min rai shi ne yadda aka zo ana zubar da jini a kan wannan zanen. Yarjejeniyar Indiya da Siri Lanka ta 1987 ta sa aka haɗe lardin Arewa da na Gabas, kotun ƙoli ta raba su a 2006, 'yan ƙabilar Tamil marasa rinjaye na cewa ƙasarsu ce guda ɗaya, masu kishin Sinhala, ƙabilar da ke da rinjaye a ƙasar, na cewa ba a isa ba. Ni dai ina goyon bayan a ba larduna iko na gaske, Tamil sun sha wuya kuma ƙorafinsu na da tushe, amma a daina magana kamar Gabas ta ƙabila ɗaya ce. Musulmi na da yawan gaske a Ampara da Batticaloa da Trincomalee, gundumomin lardin Gabas, su aka yi wa kisan gilla a masallatan garin Kattankudy da ke Batticaloa a 1990, a shekarar kuma 'yan tawayen Tamil da ake kira Tamil Tigers suka kori 'yan'uwansu daga Jaffna. Duk teburin da za a zauna kan makomar wannan gaɓar ta Gabas, a ajiye musu kujera tun farko.