Buhun taki ba ya ta da ƙasar da ta gaji

A watan Yunin 2006 shugabannin Afirka suka taru a Abuja suka yi alkawarin cewa takin zamanin da manoman nahiyar ke zubawa, wanda a lokacin bai wuce kilo 8 a hekta ba, zai kai kilo 50 nan da 2015. Shekarar ta zo ta wuce ba a kai ko rabi ba. Da aka sake zama a Nairobi a watan Mayun 2024, sai ga kalma biyu an ƙara a sunan taron: lafiyar ƙasa. Sun zo a makare, amma a ganina a nan maganar take.

Duk wanda ya saba da gona ya san bambancin. Ka damƙi ƙasa mai rai, za ka ji ta da danshi, baƙa-baƙa, tana marmashewa a hankali, wani lokaci har da tana a ciki. Ka damƙi wadda ta gaji, sai ta zube ta tsakanin yatsu, ko kuma ka tarar ta zama fako, fartanya na tsalle a kanta. Yawancin ƙasar yankunan zafi tsohuwa ce, ruwan sama na dubban shekaru ya wanke ta. Zafi yana saurin cinye ruɓaɓɓen ganye da kashin dabbobi, alhali su ne ke riƙe ruwa da sinadarai a kusa da saiwa. Inda ƙasa ta yi tsami kuma, ƙarfe da alminiyon da ke cikinta suna kame sinadarin fosfaras su hana shuka sha. Manomi ya ci bashi ya sayi taki, ruwan farko ya tafi da wani kaso, ƙasa ta ɗaure wani, abin da ya kai ga yabanya kaɗan ne. Ɗibar ruwa da kwando ke nan. Wani abin takaici, yuriya da ake ta zubawa shekara da shekaru ba tare da gyara ba, ƙara wa ƙasar tsami take yi.

Ko wuta-wuta, mai shanye dawa da masara tun daga saiwa, ta fi yin kaka-gida a gonar da ta talauce. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga.

Ana yawan kafa mana hujja da Asiya, inda shinkafar IR8 ta 1966 da alkamar masanin noma Norman Borlaug suka kori yunwa. Gaskiya ne, sai dai waɗancan iri sun sauka ne a filayen ban-ruwa. Darasin da ya fi kusa da manomin da ke jiran damina yana Brazil. Yankin Cerrado, har tsakiyar ƙarnin da ya gabata, ana ɗaukarsa ƙasar banza saboda tsami. Masana, musamman na cibiyar binciken noma ta Embrapa da aka kafa a 1973, suka fara da ƙasar: aka auna ta, aka zuba farar ƙasa don kashe tsamin, aka ƙara fosfaras, aka haɗa waken soya da ƙwayoyin halittar da ke jawo nitrojin daga iska. Yau yankin na cikin manyan rumbunan duniya. An yi asarar daji mai yawa, kuma manyan manoma ne suka fi cin moriya, wannan ba abin kwaikwayo ba ne. Abin ɗauka shi ne da me suka fara.

Kada a ce ina kiran a watsar da takin zamani. Sri Lanka ta gwada a watan Afrilun 2021, ta haramta shigo da shi dare ɗaya. Noman shinkafa ya faɗi, kafin shekarar ta ƙare gwamnati ta janye. An yi gudun gara an faɗa gidan zago. Abin da amfanin gona ya kwashe daga ƙasa dole a mayar mata, kuma kashin dabbobi kaɗai ba zai isa ba.

Abin da ke aiki shi ne haɗin gambiza, kuma talakawan manoma sun riga masu ofis ganewa. A Burkina Faso, marigayi Yacouba Sawadogo ya farfaɗo da dabarar zai: a haƙa ƙananan ramuka a fako tun da rani, a zuba tafin takin gargajiya a kowanne, gara ta zo ta huda ƙasar, ruwan farko ya taru a ramin maimakon ya gudu. A kudancin Nijar, tun daga shekarun 1980, manoma suka daina tumɓuke kututtura, suna renon tohon da ke fitowa, har aka farfaɗo da kimanin hekta miliyan 5. Gawo kuwa ganyensa da damina yake zubewa, ya ba gona taki bai tare mata rana ba. A irin wannan gona, cikin murfin kwalba ɗaya na takin zamani a gindin shuka, kamar yadda masanan cibiyar binciken noma ta ICRISAT suka nuna, yana yin abin a zo a gani.

Amma a daina ɗora wa manomi laifi. Faɗin "ka bar kara a gona" ba wuya daga kan kujera. Karan nan shi ne abincin dabbobinsa da rani, shi ne makamashinsa. Barin gona ta huta kuma ya zama tarihi tunda jama'a sun yi yawa, filaye sun tsuke. Wanda bai da tabbacin gonar za ta kasance tasa baɗi, don me zai zuba farar ƙasar da sai bayan shekaru za ta biya?

Gwamnatoci sun fi son tallafin buhu saboda ana ɗaukar hotonsa. Malawi ta fara nata a 2005, masara ta ƙaru, amma shirin ya riƙa lashe kaso mai tsoka na kasafin noma, bincike da malaman gona suka koma cin ragowa. Ɗakin gwajin ƙasa ba ya tara jama'a ranar buɗewa.

A Nairobi an yi alkawarin ninka samar da taki sau uku nan da 2034. An kuma yi alkawarin kai wa kashi 70 cikin 100 na ƙananan manoma shawarar da ta dace da irin ƙasarsu, da gyara kashi 30 na ƙasar da ta lalace. Na farkon zai samu masu zuba jari ko ba a roƙe su ba. Ni na biyu da na uku zan nema a cikin kasafin kuɗin baɗi.