Bakano, Bazazzagi da Makaɗin Fiyanon Amurka

(A teburin mai shayi. Bazazzagi ya kunna kiɗa a waya, ya lumshe ido yana gyaɗa kai.)

BAKANO: Kai mutumin Zazzau, wayarka ruwa ta faɗa ne? Na san yaron da zai gyara maka a Farm Centre, kuɗi kaɗan.

BAZAZZAGI: Kunnenka ne ke neman gyara. Jaz ke nan, wani salon kiɗan Amurka, kuma Thelonious Monk ne a kan fiyano.

BAKANO: To ai kuskure yake yi. Ka ji, ka ji! Ya danna biyu a haɗe.

BAZAZZAGI: Da gangan ne. Yatsunsa a miƙe yake buga su, ya haɗa maɓallai biyu maƙwabta su yi tsami a kunne, sannan ya yi tsit.

BAKANO: Tsit? An biya shi kuɗin kiɗa ya yi shiru? Wannan ai tauye mudu ne.

BAZAZZAGI: Shirun ma cikin kiɗan yake. An haife shi a 1917 a jihar Karolina ta Arewa, iyayensa suka koma Niyu Yok yana ƙarami. Yana saurayi ya bi wata mai wa'azin coci gari-gari yana yi mata kiɗa. Daga baya ya zama makaɗin gidan rawa na Minton's a Harlem, inda shi da su Dizzy Gillespie da Charlie Parker suka ƙera salon da ake kira bibop.

BAKANO: Duk wannan tarihi ne. Nawa yake tashi da shi a dare?

BAZAZZAGI: Sau da yawa matarsa Nellie ce ke fita aiki ta riƙe gidan.

BAKANO: Allah ya saka wa Nellie. Ita ce mai sana'a ashe.

BAZAZZAGI: Tsaya ka ji. A 1951 'yan sanda suka samu ƙwaya a motar da yake ciki da abokinsa Bud Powell. Aka ce ya ba da shaida a kan abokin, ya ƙi. Ya yi kwana 60 a tsare, aka ƙwace katinsa na izinin kiɗa a gidajen rawar Niyu Yok. Bai sake samu ba sai 1957.

BAKANO: Shekara 6 shago a kulle saboda aboki? Kai, ko ni da ke sonka, da tun a mota zan ce, "Ranka ya daɗe, ga mutumin Zazzau nan."

BAZAZZAGI: Ai na sani. Da katin ya dawo sai ya kama aiki a gidan rawa na Five Spot tare da mabushi John Coltrane, mutane suna layi har waje. Kuma yakan miƙe tsakiyar kiɗa, ya bar fiyanon, ya riƙa juyi yana rawa yayin da sauran ke busa.

BAKANO: Ya bar kanti a buɗe ya tafi rawa! Wa ke riƙe da aljihun tebur?

BAZAZZAGI: Fiyano ba ta da aljihu. Ga shi da son huluna, kusan kullum da kalar da zai fito da ita.

BAKANO: Yauwa, yanzu ka zo inda nake. Zanna Bukar fa, ya gwada? Ina da su dozin-dozin.

BAZAZZAGI: Ya rasu tun 1982, Alhaji. Amma a 1964 hotonsa ne a bangon mujallar Time. Kiɗan da ya tsara ba su wuce 70 da wani abu ba, amma in ka cire Duke Ellington, babu mawallafin jaz da ake maimaita nasa a faifai kamarsa.

BAKANO: Kaya kaɗan, ciniki da yawa. A'a, mutumin nan da jinin Kano a jikinsa.

BAZAZZAGI: Ɗazu ka ce tauye mudu yake yi.

BAKANO: Ɗazu ban ga lissafin ba. Ƙarshensa fa?

BAZAZZAGI: Rashin lafiya ya kama shi. Shekarunsa 6 na ƙarshe a gidan wata attajira ya yi, Pannonica, 'yar dangin Rothschild, a Niyu Jasi. Gida cike da kyanwowi sama da 100. Ga fiyano a gidan, amma da ƙyar yake taɓa ta.

BAKANO: (ya ajiye kofi) Shekara 6 ba a taɓa ta ba?

BAZAZZAGI: Abin tausayi ne ƙwarai.

BAKANO: Ƙwarai kuwa. Wato kusan sabuwa take. Ka san ko magada za su sayar?