Ardo da Jakin Dawa na Fenti

Ranar kasuwa Ardo ya biyo ta rumfar Modu Babarbare mai sayar da fenti.

Modu: Ardo, yau kuma wa ya koro ka daga daji?

Ardo: Ƙuda, Kaɗo. Ya hana shanu kiwo, sai kaɗa jela da buga ƙafa. Ina mai maganin feshi?

Modu: Bar feshin nan, ƙuda sabawa yake da shi. Sayi farin fenti ka mai da su jakunan dawa.

Ardo: Ka fara ko? Bara ma cewa ka yi in sa wa bijimi tabarau.

Modu: Wancan tsokana ce. Wannan kuwa an yi shi a Japan, lardin Aichi. Wani masani Tomoki Kojima da abokansa suka gwada a kan baƙaƙen shanu shida, suka fitar da sakamako a 2019. Fenti mai haɗin ruwa za ka samu, ka ja farin ratsi mai faɗin santimita 4 zuwa 5, wajen yatsu uku ke nan, ka bar baƙi, ka sake ja. Minti biyar ka gama saniya guda.

Ardo: Sai ƙudan ya ji kunya ya koma gida?

Modu: Idonsa ke rikicewa. Masana na ganin ratsin ne ke hana shi rage gudu in zai sauka, sai ya wuce ko ya yi karo. Ƙudaje masu cizo sun ragu da kusan rabi, kaɗa jela da girgiza kai suka ragu da wajen kashi 20 cikin ɗari. A 2025 har kyautar Ig Nobel aka ba su, wadda ake ba binciken da ke fara sa mutum dariya kafin ya sa shi tunani.

Ardo: Faɗi aibin. Babarbare ba ya sayar da kaya marar aibi.

Modu: Kwana kaɗan fentin ke gogewa, sai ka dawo wurina.

Ardo: Aradu na sani!

Modu: Saura na Botswana. Can idanu biyu suke bugawa a ɗuwawun saniya, don zaki ɗan kwanton ɓauna ne, in ya zaci an gan shi sai ya fasa. Cikin shekara huɗu, shanu 683 masu ido ba a kashe ko ɗaya ba, cikin 835 marasa fenti kuwa 15 suka tafi.

Ardo ya ƙura wa tsagar fuskar Modu ido.

Ardo: Ashe kun riga Japanawa! To me ya sa ƙuda ke ta yini a kumatunka?

Modu: Sun gwada wannan ma. Baƙin ratsi a kan baƙar saniya bai rage komai ba.

Ardo: To miƙo farin gwangwani ɗaya da buroshi. Zauna nan, kar ka motsa, minti biyar ne.