Masu Son Fim ɗin Tarihi, Ku Dubi Med Hondo

'Yan'uwana matasa masu riƙe da kyamara, kwanan nan kowa cewa yake zai yi fim ɗin tarihi. Madalla. Amma ina roƙonku, kafin ku ɗinka rawani ku yi hayar dawakai, ku tsaya ku san wani bawan Allah ɗan ƙasar Muritaniya, Med Hondo, wanda aka haifa a 1936, ya rasu a Faris a 2019.

Mutumin nan girki ya koya a Maroko. Da ya isa Faransa a 1959 sai da ya yi aikin ƙarfi iri-iri kafin ya shiga wasan kwaikwayo. Daga baya da muryarsa yake ci, shi ke ɗora muryar Faransanci a bakin ɗan wasan fim na Amurka Eddie Murphy, abin da ya samu kuma ya zuba a finafinansa. Bai jira wani attajiri ba.

A 1986 ya fitar da Sarraounia, labarin Sarauniyar Aznan Lugu ta yankin Dogon Dutsi, wadda ta tari rundunar hafsoshin Faransa Voulet da Chanoine a 1899, rundunar da ta yi wa Birnin Ƙonni kisan kiyashi a wannan shekara. Daga littafin Abdoulaye Mamani na Nijar ya ɗauko shi, fim ɗin kuma ya ci babbar kyautar FESPACO, bikin finafinan Afirka, a Wagadugu a 1987. Abin da ke ci mini rai, tarihin ƙasar Hausa ne, amma a Burkina Faso aka ɗauka, Sarauniyar kuma ba da Hausa take magana ba. Mu muna ina?

Ku lura da salonsa, don nan karatun yake. Ba ya gaggawa. Yana nuna yarintarta, yadda ta koyi harbin baka da sanin magani, sannan sai ya ɗauke ta daga idonka na tsawon lokaci, ya bi rundunar Turawa gari-gari. Kana ganin hayaƙin rumbunan da aka ƙone, kana ganin sojojin baƙar fata da aka sa su kashe 'yan'uwansu, sunanta kawai ake ambata amma gabansu na faɗuwa. Bai kuma ɓoye sarakunan da suka haɗa kai da baƙo ba, ko da yake abin da ɗaci.

To ku fa? Jarumi ya fito a zamanin jihadi da shadda mai maiƙo da agogo a hannu, a bayansa ga rufin kwano. Wannan zalunci ne ga kakanninmu, kuma yaron da ya kalla zai ɗauka haka aka yi. Ku je wurin makaɗan fada da dattawan gari, ku zauna a ƙasa ku saurara. Ku shiga Gidan Arewa a Kaduna ku buɗe takardu. Ku tambayi masaƙa irin saƙin da mayaƙi ke sawa, ku tambayi maƙera yadda ake ƙera mashi, tun suna raye.